Na daɗe ina kashuwal a aikin gwamnati, kotu za ta iya sa a mayar da ni famanan? Tambayoyi da amsoshi kan ƙara da ɗaukaka ƙara

Assalamu alaikum 'yan uwa. Waɗannan tambayoyin su ne aka fi yi min tun da mutane suka ji cewa mun taɓa kai ƙara kan maganar mayar da mu ma'aikatan dindindin. Ni ba lauya ba ne, amma na yi shekara tara ina kashuwal, wato ma'aikacin wucin gadi, a wata ma'aikatar jiha, kuma ni na riƙe sakataren kwamitinmu tun daga ranar da muka fara haɗa kuɗin lauya har ranar da aka rufe maganar, don haka abin da zan faɗa abu ne da na gani a kotu da wanda na koya a bakin lauyoyinmu. Wanda ke da shari'a a hannu ya kai takardunsa wajen lauya, amma ya je da idonsa a buɗe.

Malam, shekarata 12 ina aiki kullum safe da yamma, wannan daɗewar kaɗai ba ta isa ta mayar da ni famanan ba?

Ɗan uwa ina so in ce maka eh, wallahi ina so, amma gaskiyar ita ce a'a. Kotu ba ta fara ƙirga shekarun da ka yi, abin da alƙali yake fara tambaya shi ne wa ya ɗauke ka, kuma shin wanda ya ɗauke ka ɗin doka ta ba shi ikon ɗaukan ma'aikaci? A tarayya Hukumar Kula da Ma'aikatan Gwamnatin Tarayya ce ke da wannan ikon, wadda sashe na 153 na kundin tsarin mulkin 1999 ya kafa, ita kuma takan bar wa ma'aikatu ɗaukan ƙananan ma'aikata daga mataki na 06 zuwa ƙasa. A jiha akwai irin wannan hukumar a ƙarƙashin sashe na 197, ƙananan hukumomi na da tasu hukumar, malaman firamare kuma SUBEB ce, wato hukumar ilimin bai ɗaya ta jiha, da hukumomin ilimi na ƙananan hukumomi. Jami'a ko asibitin koyarwa ko wata hukuma mai zaman kanta, dokar da ta kafa ta ita ce ke faɗin wanda zai ɗauki ma'aikaci.

To yawancinmu 'yan kashuwal ba ta nan muka shigo ba. Wani darakta ne ya ce zo ka fara kafin a buɗe ɗaukan aiki, wani shugaban asibiti ne ke biyansa daga kuɗin shiga, wani kuma kansila ne ya kawo shi. Ni takardata layi huɗu ce kacal, an rubuta na wucin gadi na wata shida, mataimakin darakta ya sa hannu, kuma da wannan wata shidan na yi shekara tara. Ranar da lauyan gwamnati ya ɗaga ta a gaban alƙali ya ce in karanta layi na biyu da bakina, a nan na gane cewa duk shekarun nan abin da ke hannuna ke nan.

Amma ai an ce doka ta ce in ka wuce wata uku kana aiki ka zama cikakken ma'aikaci?

Wannan maganar ta yaɗu sosai kuma tana da tushe, sai dai an ja ta ta wuce inda take. Sashe na 7 na Dokar Ƙwadago cewa ya yi kafin wata uku su wuce da fara aiki dole mai aiki ya ba ma'aikaci takarda a rubuce mai nuna sunan mai aikin, irin aikin, albashi, lokutan aiki, hutu da wa'adin sallama. Wato haƙƙinka ne a ba ka takarda, kuma in ba a ba ka ba an saɓa doka. Amma sashen bai ce takardar ta zama ta dindindin mai fansho ba, ana iya ba ka ta kwantiragi kuma an cika sharaɗin. Sannan ita wannan dokar a sashe na 91 ta taƙaita wanda take kira ma'aikaci ga masu aikin ƙarfi da na akawu, ta cire masu aikin gudanarwa da ƙwararru. Don haka lauya zai iya amfani da sashen ya nuna an zalunce ka, amma kada ka shiga kotu da shi kaɗai kana jiran a sa ka a bauca, wato jerin masu karɓar albashi.

Wace kotu ake kai irin wannan ƙarar?

Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wato National Industrial Court. Tun bayan gyaran kundin tsarin mulki na uku na 2010, wanda aka sa wa hannu a watan Maris na 2011, sashe na 254C ya ba ta ita kaɗai hurumin duk wata rigima ta aiki da albashi da fansho, ko kai ma'aikacin tarayya ne ko na jiha ko na ƙaramar hukuma. In ka kai Babbar Kotun Jiha ko ta Tarayya za ka ɓata lokaci ne da kuɗi. Tana da rassa a Abuja da Kano da Kaduna da Sakkwato da Bauchi da Jos da Maiduguri da wasu wuraren.

To in daɗewa ba hujja ba ce, me ya rage mana da za mu roƙi kotu?

Nan ne fa nake so a tsaya a nutsu, domin kuskuren da ƙungiyoyi da yawa ke yi shi ne su shiga da buƙata ɗaya tal, a mayar da mu famanan, in ta faɗi shikenan kowa ya koma gida hannu rabbana. Lauyanmu, Allah ya saka masa, ya dage sai mun jera buƙatu hawa hawa, wasunmu har suka yi fushi suna cewa yana raunana mu ne. Ta farko a bayyana mu ma'aikatan dindindin. In hakan bai samu ba a bayyana cewa riƙe mutum shekara da shekaru a kashuwal alhali yana aikin da na dindindin ke yi rashin adalci ne a harkar ƙwadago, a biya diyya. Sai bashin alawus na watannin da ba a biya ba, sai kuɗin wa'adin sallama ga waɗanda aka ce su daina zuwa ba sanarwa.

Ita Kotun Ma'aikata tana da wani iko da sauran kotuna ba su da shi, sashe na 254C ya ba ta damar duba rashin adalci a wajen aiki da yadda ake yi a duniya da yarjejeniyoyin Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya da Najeriya ta amince da su. Wannan ƙofar ce ta fi buɗuwa ga ɗan kashuwal. Amma dole lauya ya rubuta ta a takardun ƙara tun farko, kotu ba ta ba ka abin da ba ka roƙa ba. Mu dai buƙatar farko ba mu same ta ba, bashin alawus ɗinmu ne muka samu, kuma da ba a rubuta shi ba da ko sisi ba mu fita da shi ba.

Kuma a sani, buƙatar a bayyana kai ma'aikaci ne ba a ba da ita don kawai lauyan gwamnati bai zo ba ko bai mayar da martani ba. Kai za ka tabbatar da ita da hujjarka.

Wane irin takardu ya kamata in fara tarawa?

Duk wata takarda da ke da sunanka da sunan ma'aikatar. Takardar ɗauka ko da ta wucin gadi ce, takardun sabunta kwantiragi, takardar tura ka wani reshe, katin shaida, jadawalin duti, rijistar sa hannu ta safe, takardar tuhuma in an taɓa ba ka (eh har ita, domin wanda ya tuhume ka a rubuce ya yarda yana da iko a kanka), takardar yabo, fom ɗin tantancewa, da bayanin asusunka na banki mai nuna daga inda kuɗin ke shigowa. Waɗanda ake biya a hannu su suka fi shan wahala, sai dai a nemo takardar da suke sa hannu in sun karɓa.

Akwai wani dattijo masinja a cikinmu, muna ce masa Baba, ranar da aka ce kowa ya kawo abin da yake da shi sai ga shi da tsohuwar ledar shinkafa ɗaure da tsumma, ya kwance a kan tabarma a ƙofar gidana bayan la'asar. A ciki har da takardar da aka rubuta masa ya je ya karɓo wasiƙu a gidan waya da sunan ma'aikatar shekaru da suka wuce, ta yi ja ta fara yagewa a wajen ninki. Baba bai iya karatun boko ba amma bai taɓa yar da takarda ba. Mu da muka yi makaranta da yawanmu ko kwafin takardar ɗauka ba mu da shi. A lissafin bashin alawus nasa ne ya fi na kowa fitowa tsaf, don babu watan da ba shi da abin nunawa.

Abu biyu a kula. Takardun da ke fayil ɗin gwamnati kwafin da aka tabbatar da hatimi ake so, don haka lauya ya rubuta ya nema da wuri. Abin da ya fito daga waya ko kwamfuta kuma, kamar alat na banki ko saƙon WhatsApp na oga, sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 yana buƙatar a haɗa shi da takardar shaida kan na'urar da aka ciro shi. Kotun Ma'aikata tana da ɗan sassauci a dokar shaida amma kada ka dogara da shi.

Gwamna da bakinsa ya faɗa a taro, har a rediyo an sa, cewa za a ɗauke mu. Wannan ba alkawari ba ne?

Alkawari ne a wajen Allah da wajen mutane, kuma wanda ya yi shi zai amsa. A kotu kam maganar taro ba takardar ɗaukan aiki ba ce. Abin da ke da nauyi shi ne in maganar ta sauka a takarda, misali amincewar majalisar zartarwa, ko wasiƙar shugaban ma'aikata zuwa hukumar ɗaukan aiki mai ɗauke da jerin sunaye kuma naka na ciki. Ko da wannan ɗin ma lauyan gwamnati zai ce ai amincewa daban ɗauka daban, amma dai kun sami abin riƙewa.

Ni nawa daban ne yallaɓai, an ba ni ofa ta dindindin, na yi komai har na fara aiki, sai sabuwar gwamnati ta zo ta ce ta soke duk ɗaukan da aka yi.

To kai matsayinka ya fi na ɗan kashuwal ƙarfi nesa ba kusa ba. In hukumar da ke da iko ce ta ba ka ofa, ka karɓa a rubuce, ka kama aiki, to akwai yarjejeniya tsakaninku, kuma in aikin irin wanda doka ko dokokin aikin gwamnati suka tsara ne ba a korar mutum da sanarwar rediyo. Kotun Ƙoli ta daɗe da kafa wannan tun shari'ar Shitta-Bey ta 1981 da ta Olaniyan da Jami'ar Legas ta 1985, cewa irin wannan ma'aikacin in an kore shi ba bisa ƙa'ida ba mayar da shi aiki ake yi a biya shi albashinsa na baya.

Inda gwamnati ke kamawa shi ne ta ce ɗaukan tun asali ba a bi ƙa'ida ba, ba a tallata gurbi ba, ba a yi intabiyu ba, babu kuɗinsa a kasafi, ko a tarayya ba a sami sahalewar Hukumar Daidaiton Rabon Muƙamai ba. Sannan ka duba ko kana cikin shekara biyun gwaji kafin a tabbatar da kai, don wanda ba a tabbatar ba kariyarsa ba ta kai ta wanda aka tabbatar ba. Wanda kuma ya sayi ofa a hannun dillali, ɗan uwa ka fara bincikar ko takardar ta gaske ce kafin ka kai ta gaban alƙali, kada ka je neman haƙƙi ka dawo da tuhuma.

Akwai wa'adin da in ya wuce ba a karɓar ƙara?

Akwai, kuma ya kashe ƙararraki masu kyau da yawa. Dokar Kare Jami'an Gwamnati ta ce ƙarar da ake yi kan abin da jami'i ya aikata a bakin aikinsa a shigar da ita cikin wata uku. Kotun Ƙoli a shari'ar Hukumar Rabon Arzikin Ƙasa da Ajibola Johnson ta ce wannan dokar ba ta shafi yarjejeniyar aiki ba, sai kuma a 2021 a shari'ar Idachaba da Jami'ar Noma ta Makurdi aka yi amfani da ita a kan ma'aikata. Kowane lauya zai ɗauko wadda ta yi masa. Shawarata kada ka sa kanka a wannan gardamar, ranar da aka ba ka takardar sallama ko aka ce ka daina zuwa ka fara ƙirga wata uku. Zaryar da muke yi gidan ɗan majalisa da fadar hakimi da rubuta takardun koke ba ta tsayar da wannan ƙirgar. Wasu hukumomin kuma dokarsu ta ce sai an ba su sanarwar niyyar ƙara, galibi ta wata ɗaya, kafin a shigar, to wannan watan ma a cikin ukun zai fita.

Kotun Ma'aikata ta kori ƙararmu. An ce hukuncinta ba a ɗaukaka shi, haka ne?

Da can an yi ta wannan gardamar, har rassan Kotun Ɗaukaka Ƙara suka riƙa saɓa wa juna. Kotun Ƙoli ce ta raba gardama ranar 30 ga Yuni 2017 a shari'ar bankin Skye da Iwu, ta ce duk hukuncin Kotun Ma'aikata ana iya ɗaukaka shi zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara. Sai dai ƙofa biyu ce. In maganar ta shafi haƙƙin ɗan Adam da ke babi na huɗu na kundin tsarin mulki, kamar a ce ba a ba ku damar kare kanku ba, kai tsaye za ku shigar. In kuma sauran batutuwa ne, kuma ƙarar neman zama famanan galibi nan take faɗawa, sai kun fara neman izini daga ita Kotun Ɗaukaka Ƙarar. In lauya ya shigar ba izini alhali ana buƙatarsa, za a yi watsi da afil ɗin, wato ɗaukaka ƙarar, ba tare da an ko leƙa cikinsa ba, kuma wasu lauyoyin kan laƙaba wa ƙara sunan rashin sauraro don su tsallake neman izini, alƙalan kuma sun san wannan dabarar sarai.

Kwana nawa muke da shi?

Wata uku daga ranar hukunci in hukuncin ƙarshe ne, kwana 14 in hukunci ne na tsakiyar shari'a, haka sashe na 24 na Dokar Kotun Ɗaukaka Ƙara ya ce. Neman izinin da shigar da takardar afil duk a cikin wannan lokacin ake so. In ya wuce ana iya roƙon ƙarin lokaci, lauya zai haɗa roƙo uku a takarda ɗaya, amma sai kun kawo dalili mai ƙarfi na jinkirin kuma kun nuna afil ɗin na da abin dubawa. Mu sati shida muka ɓata muna taro kan ko a je ko kada a je da kuma wa ya biya wa bai biya ba, saura ƙiris lokaci ya kufce mana. Ku nemi kwafin hukuncin mai hatimi a satin farko ko da ba ku yanke shawara ba.

A afil za mu sake kawo shaidu? Don yanzu mun samo wata takarda da ba mu da ita a da.

Wannan ita ce tambayar da ta fi sa ni baƙin ciki, don kusan kullum amsar ba ta yi wa mai tambaya daɗi. Afil ba sabuwar shari'a ba ce. Alƙalai uku ne za su zauna da kundin abin da ya gudana a kotun farko, su karanta bayanan lauyoyi a rubuce, ranar zama ma lauya minti kaɗan zai yi ya ce ya tsaya kan abin da ya rubuta, kai ko bakinka ba za a ji ba. Abin da suke dubawa shi ne shin alƙalin farko ya yi kuskuren doka ko ya kau da kai daga hujjar da ke gabansa. Sabuwar hujja ba a karɓa sai da izini na musamman, kuma sai kun nuna cewa duk ƙoƙarin da za ku yi a lokacin shari'ar farko ba za ku iya samo ta ba, sannan tana da nauyin da za ta iya juya hukuncin. Takardar da ke cikin akwatinka ka manta da ita ba ta shiga nan.

Shi ya sa nake ta nanata wa mutane cewa ƙarfinku duka ku zuba shi a kotun farko. Na ga ƙungiyar da ta ɗauki lauya mai araha a farko da niyyar in an je afil a ɗauko babba, to babban in ya zo abin da ƙaramin ya bari a kundi shi zai tarar, ba zai iya ƙara ko shafi ɗaya ba.

In Kotun Ɗaukaka Ƙara ma ba ta ba mu ba, sai Kotun Ƙoli ko?

A'a, a nan hanya ta ƙare. Sashe na 243 ya ce hukuncin Kotun Ɗaukaka Ƙara kan ƙarar da ta taso daga Kotun Ma'aikata, in ba ta laifi ba ce, shi ne na ƙarshe. Tsofaffin shari'o'in aiki da kuke ji sun kai Kotun Ƙoli daga manyan kotuna suka faro kafin wannan tsarin. Duk wanda ya ce ku haɗa kuɗi zai kai muku Abuja Kotun Ƙoli ku tambaye shi ta wace ƙofa.

Mu mun ci a kotun farko, amma gwamnati ta ɗaukaka ƙara kuma har yau ba a sa mu a albashi ba.

Ɗaukaka ƙara shi kaɗai ba ya dakatar da hukunci, sai sun nemi umarnin dakatarwa an ba su. Amma a aikace da zarar sun shigar da wannan roƙon komai yakan tsaya cak, kuma abin da na lura wani lokacin ba cin shari'ar ne ya dame su ba, so suke ku gaji. Lauyanku kada ya zauna jira. Akwai wa'adin haɗa kundi da turawa, akwai kwana 45 na mai afil ya shigar da bayaninsa bayan kundi ya iso, in sun yi sakaci ana iya roƙon kotu ta kori afil ɗin saboda rashin bibiya.

Karɓar kuɗin ma wani aiki ne. Ana iya neman kotu ta kama asusun ma'aikatar a banki, sai dai sashe na 84 na dokar aiwatar da hukuncin kotu ya ce kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da amincewar Antoni Janar, wato kana neman izini wajen lauyan wanda kake bi bashi. Wannan tanadin ni dai ina ganin zalunci ne a kan talaka kuma ya kamata majalisa ta cire shi.

Mu 'yan N-Power fa, muna da hujjar a ɗauke mu dindindin?

Ƙannena, na san abin da kuka yi a azuzuwa da asibitocin karkara, wasu makarantun ku ne kuka riƙe su. Amma shirin da aka fara a 2016 tun farko an rubuta shi a matsayin na wucin gadi na masu sa kai, da alawus na N30,000 ga masu digiri, kuma rukunin A da B da aka sallama a 2020 a kan wannan sharaɗin aka sallame su duk da rukunin A sun wuce shekara biyun da aka ce. Neman zama famanan ta kotu da wannan takardar abu ne mai wuya ƙwarai. Bashin alawus na watannin da kuka yi aiki ba a biya ba shi ne abin da ke da ƙafa, shi ma sai da shaidar kun yi aikin.

Wani ya turo mana hukuncin Indiya da ya ce duk wanda ya yi shekara 10 a ɗauke shi. Zai yi mana aiki?

Shari'ar jihar Karnataka da Umadevi ce ta 2006, kuma wanda ya turo bai karanta ta duka ba. Alƙalai biyar na Kotun Ƙolin Indiya cewa suka yi daɗewa a aikin wucin gadi ba ta ba mutum haƙƙin zama na dindindin in ba ta hanyar da tsarin mulki ya shimfiɗa aka ɗauke shi ba. Maganar shekara 10 rangwame ne na sau ɗaya ga masu cancanta da suka yi aiki a gurbin da aka amince da shi. Kuma ko da ta goyi bayanku, hukuncin wata ƙasa alƙalin Najeriya zai iya dubawa ne kawai, bai zama dole a kansa ba.

In shiga ni kaɗai ko mu haɗu? Kuma ba za su kore mu ba in suka ji mun kai ƙara?

Haɗuwa ta fi sauƙin kuɗi kuma ta fi wuyar murƙushewa, amma kowa sai an nuna nasa, ranar da ya fara da abin da ake biyansa da abin da yake bi, kada a ce mu ɗari da kaza ne a tsaya nan. A rubuta sunan kowa, kowa ya sa hannu ya yarda da wakilan, kuɗi kuma a buɗe masa asusu mai sa hannun mutum uku a riƙa karanta lissafi a kowane taro, don rigimar kuɗi ta fi lauyan gwamnati saurin wargaza ƙungiya.

Maganar kora kuma ba zan ɓoye muku ba, tana faruwa, an daina sa wasunmu a duti tun satin da sammaci ya isa ofis. Lauya zai iya neman umarnin a bar komai yadda yake har a gama, kotu na iya bayarwa tana iya hanawa. Mai iyali ya yi shawara da iyalinsa kafin ya sa hannu, kuma wanda ya ce ba zai iya ba kada a zage shi.

Ɗana, ni shekaruna sun ja, in an ce a yi sulhu in yarda?

Baba, in sulhun na gaskiya ne ka saurara. Kotun Ma'aikata tana da cibiyar sulhu tun 2015, kuma ko a matakin afil ana iya sasantawa. Yawancin 'yan kashuwal da na san sun zama famanan ta tebur suka samu, ƙarar ce dai ta sa aka kira su teburin. Sharaɗi ɗaya, kada a janye ƙara a kan maganar baki. A rubuta yarjejeniyar, a sa sunaye da mataki da ranar fara albashi, a kai kotu ta mayar da ita hukuncinta.

Kuma a dubi maganar shekaru tun kafin a sa hannu. Dokokin aikin tarayya ba sa ɗaukan wanda ya haura 50, ritaya kuma shekara 60 ce ta haihuwa ko 35 ta aiki, ban da wasu kamar malaman makaranta da dokar 2022 ta kai nasu 65 da 40. In sabuwar takarda ta fara ƙirga daga yau, shekarun kashuwal sun tafi ba fansho ba garatuti, sai in an rubuta akasin haka. Mu da aka zauna sulhu afil ɗinmu na gaban kotu, an ɗauki matasan cikinmu, Baba masinja kuwa aka ce shekarunsa sun wuce. Sai da muka ƙi sa hannu har zama uku kafin aka yarda a rubuta masa kuɗin sallama a dunƙule a sakin layi na ƙarshe, da sunansa cikakke da adadin da ranar biya. Ranar da kuɗin ya shigo jikansa ne ya karanta masa alat ɗin, shi kuma ya sa aka buga masa shi a takarda a shagon kwamfuta ya ninke ya sa a ledar nan tasa.